Ku Tambayi Baba: Yarinyar da ke goge gari daga taswira

Tambaya

Assalamu alaikum Baba. Ni ɗaliba ce a Aboabo, nan Kumasi, kuma shekara guda ke nan ina rubuta wani ƙagaggen labari a wayata. A duniyar da na ƙirƙiro akwai mutanen da sana'arsu zanen taswira ce, amma tasu ba irin ta makaranta ba ce. In suka zana kogi a takarda sai kogi ya ɓullo a ƙasa, in suka goge gari kuwa garin ya tafi ke nan. Tauraruwar labarin yarinya ce 'yar shekara 16 wadda ta fi kowa baiwa. Na kai babi na huɗu sai labarin ya kafe. Ƙawata ta karanta ta ce, "To me ya hana ta goge fadar azzalumin sarkin tun shafin farko kowa ya huta?" Na rasa amsa. Yayana kuma ya ce abin ya yi kama da fina-finan Turawa, wai ina ruwan Bahaushe da taswira. Ga babobin nan na haɗo. Wane suna zan ba masu sana'ar da Hausa, kuma yaya zan tayar da labarin?

'Yarka, Aboabo, Kumasi

Amsa

Wa alaikumus salam, 'yata. Na karanta babobin huɗu, ko da yake sai da jikana ya ƙara mini girman rubutun har sau biyu. Kina da hannu. Wurin da kika sa kogin ya tsaga kasuwa ranar cinta, mata suna gudu da ƙwaryar nono a ka, na ji shi har cikin ƙirjina. Ƙawar nan taki ki saya mata koko da ƙosai gobe da safe, don ta yi miki abin da masu yabo ba za su yi ba. Yayanki kuwa ya ɗan jira, ina zuwa kansa.

Labarinki ya kafe ne saboda yarinyar ba ta biyan komai. Ta zana, ya tabbata, ta tafi ta kwanta barci. Ki tuna Gizo: ba shi da ƙarfi, ba shi da dukiya, yunwa ce kawai da wayo da Ƙoƙi mai mita, shi ya sa ba a gajiya da shi. Da an ba Gizo alƙalamin da ke goge Kura, da tatsuniya ta ƙare kafin a gama cewa "ta zo mu ji ta."

Kin kira abin sana'a, amma a babi huɗu ban ga yarinyar ta share tsakar gidan ubangidanta ko sau ɗaya ba. Ki hau trotro ki je Suame wurin makanikai ki zauna yini guda. Za ki ga yaron da ya daɗe yana wankin noti da fetur, ana aikensa sayen shinkafa da wake, bai taɓa buɗe inji ba. Za ki ga wanda ya kusa yaye yana yi wa sabon zuwa tsawa fiye da yadda maigidan kansa ke yi. Ni ma haka na fara. Ina saurayi na yi aiki da safiyo, wato masu awon ƙasa, sunan aikina yaron sarƙa. Sarƙar da magabatanmu suka yi awo da ita tsawonta ƙafa 66, gaɓoɓinta 100, kuma fili mai sarƙa goma a tsaye da ɗaya a kwance shi ne eka guda. Mu tef na ƙarfe muka tarar, amma sunan bai bar mu ba. Nawa shi ne saran daji, ɗaukar turaku, tsayuwa cikin rana riƙe da sanda mai ja da fari. Na shekara biyu kafin a bar ni in sa ido a madubin awon. Ki ba yarinyar irin waɗannan shekarun. Wa ya kai ta gidan? Gado ne kamar ƙira da wanzanci, ko kuwa ita bare ce da 'ya'yan gida ke harara? Akwai sarkin sana'ar, kamar yadda ake da sarkin fawa da sarkin maƙera? Kafin ki amsa waɗannan, babi biyu sun fito da kansu.

To, yayanki. Ki ce masa Baba na gaishe shi, sannan ki karanta masa wannan. A 1817 wani Bature mai suna Bowdich ya zo Kumasi, a 1820 kuma wani mai suna Dupuis ya biyo baya, duka a zamanin Asantehene Osei Bonsu. Da suka so sanin abin da ke arewa, wurin Musulmin garin nan suka je, su ne suka rubuta musu hanyoyi da harufan Larabci: daga gari kaza zuwa gari kaza kwana kaza, ta Salaga, ta Yendi, har ƙasar Hausa da gaba. A 1824 kuma, a Sakkwato, Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya zana wa wani Bature mai suna Clapperton yadda kogin Kwara ke tafiya a kan rairayi, daga baya aka ba shi taswira a takarda, wadda aka buga a Landan a 1826. Ayarin goro da ke tasowa daga Kano zuwa Gwanja, wata da watanni a hanya, ba da ka yake tafiya ba. Madugu yana da hanyar a kansa, jagaba yana gaba yana duba mashaya da mahayi, an san inda ake biyan fito da inda ake kwana da ido ɗaya. Ita kanta kalmar Zango da muke zaune a cikinta, masaukin ayari ce. Mu da muke Aboabo da Asawase jikokin tasha ɗaya ne a cikin wata doguwar taswira da aka haddace.

Wannan ya kawo ni ga abin da na fi so ki gyara. Kin ba mutanenki takarda da fensir kamar 'yan aji uku. Ki karɓe, ki ba su allo. Tawadarsu ta zama zuge, gawayi da ƙaro, alƙalaminsu na kara, amma tawadar ba ta kamawa sai an kwaɓa ta da ƙasar wurin da za a zana, wadda mai zanen ta ɗebo da hannunta. Ke nan ba ta da iko a kan inda ƙafarta ba ta taka ba. In tana son ta taɓa fadar sarkin, sai ta shiga fadar, ta durƙusa gabansa, ta fito da ɗan damƙin ƙasa a ƙulle a haɓar zane, dogarai na kallonta. Kin ga tafiya ta samu, tsoro ya samu.

Sannan allo ba a goge shi, wanke shi ake yi. Kowace yarinya da ta yi makarantar allo ta san ruwan wankin ba a zubar da shi a kwata. To ga dokar da zan ba ki kyauta: duk wadda ta wanke gari daga allo, ita za ta shanye ruwan. Daga ranar garin ya koma cikinta. Tana jin caran zakarunsa da asuba, tana jin ladaninsa, tana jin wata uwa na kiran ɗanta da magariba, ɗan kuma ba ya amsawa. Ba ranar da za su yi shiru. Tsofaffin masu sana'ar sai ki same su suna tafiya a sunkuye kamar masu dakon buhu, wani gari uku ne a cikinsa, wani bakwai, suna amsa sallamar mutanen da ba kowa ke gani ba, yara na binsu da jifa. Yanzu ki koma wa ƙawarki da amsa. Yarinyar tana iya wanke fadar, ƙwarai kuwa. Amma za ta ɗauki azzalumin nan a cikinta har kabari, da muryarsa, da kurkukunsa, da kuyangin da ba su ci ba su sha ba, da wanda aka ɗaure a ciki wanda watakila ubanta ne. Ki bar ta da kofin a hannu na tsawon babi guda, mu ga ko za ta sha.

Ba daga iska na ɗauko wannan ba. Mahaifiyata, Allah ya jiƙanta, 'yar tsohon Kete Krachi ce. Ubanta yana yaro aka gudo da shi daga Salaga bayan yaƙin basasar 1892, lokacin da Hausawa da yawa suka koma Kete Krachi, har da babban malamin nan Alhaji Umaru, haifaffen Kano, wanda ya rasu a garin a 1934. Da aka tashi gina madatsar Akosombo, wadda aka kammala a 1965, masu awo suka bi ƙasa suka ja layi a taswira: duk abin da ke ƙasa da layin nan ruwa zai ci. Haka kuwa aka yi. Tafkin Volta ya shimfiɗu a kan kimanin murabba'in kilomita 8,500, aka tayar da mutum wajen 80,000 aka zaunar da su a sababbin matsugunai 52. Tsohon garin su mahaifiyata yana ƙarƙashin ruwa. Har ta tsufa a Asawase, in hira ta yi daɗi sai ta share ƙasa da tafin hannu ta fara zane da yatsa: nan masallaci, nan gidan mai ƙosai, nan gangaren da ake sauka ɗiban ruwa, nan tsamiyar da aka hana su zama ƙarƙashinta da tsakar rana. Ba ta taɓa kuskuren lungu ba. Watarana ƙanena ya taka zanen ba da sani ba, ta daka masa tsawa ta ce ya sauka daga kan gidan kawunta. Muka yi dariya, ita ba ta yi ba.

Kuma ki lura, wutar da nake rubuta miki wannan a ƙarƙashinta, wadda muke ƙorafi in an ɗauke, wani kaso nata daga ruwan nan yake zuwa. Ba mugunta aka nufa ba. Saboda haka kada ki mai da masu zanenki miyagu zalla ko waliyyai zalla. Ki sa dokar ta zama cewa ƙasa ba ta ƙaruwa: kogin da yarinyar ta zana wa ƙauyen da fari ya kama, daga wani wuri ya baro. Ta yi murna, an yi mata guɗa, sai bayan babi uku wasu baƙi su iso da jakuna da tulunan wofi suna tambayar wanda ya ɗauke musu ruwa.

Wa ke biyan su? Ba ki faɗa ba, kuma can ne siyasar labarin take. Talaka ba ya hayar mai taswira. Kowa ya ci ladan kuturu kuwa sai ya yi masa aski. Ki karanta tarihin George Ekem Ferguson, Bafante ɗan Anomabo, gwanin awo da zane, wanda ya ratsa arewacin ƙasar nan yana zana taswira yana ƙulla yarjejeniya da sarakuna da sunan Ingila, har Wagadugu a 1894. An kashe shi kusa da Wa a 1897, a hannun mayaƙan sarkin yaƙin nan Samori Ture, yana da shekara talatin da 'yan kai. Ɗan ƙasa ne, mai basira, kuma aikinsa na cikin abin da ya sa arewa ta faɗa hannun Ingila maimakon Faransa ko Jamus. Jarumi ne ko ɗan aike? Na daɗe ina juya tambayar, kuma irin mutumin da nake so in gani a matsayin ubangidan yarinyarki ke nan. Bayan rasuwarsa da shekara biyu, a 1899, Ingila da Jamus suka raba yankin a kan tebur, aka bi kogin Daka: Salaga ta Ingila, Yendi ta Jamus, aka tsaga masarautar Dagomba biyu. Kakan nan nawa na Kete Krachi ya zauna ƙarƙashin Jamus, ya zauna ƙarƙashin Ingila bayan yaƙin duniya na farko, ya zama ɗan Ghana bayan ƙuri'ar raba gardama ta 1956, duk bai ɗaga tabarmarsa daga zaure ɗaya ba. Sai ruwa ne ya iya tayar da gidan.

Akwai kuma kuskure, wanda babu sana'ar da ba ta da shi. A 1798 wani mai zanen taswira a Ingila, James Rennell, ya sa wani dogon jerin duwatsu a Afirka ta Yamma, can arewa da mu, ya kira su Duwatsun Kong, bisa abin da Bature mai yawon bincike Mungo Park ya hango daga nesa aka kuma ba shi labari. Masu zane suka yi ta kwafa daga juna kusan shekara 90, wani ma ya ƙara musu tsawo. Sai da Bafaranshen nan Binger ya isa garin Kong da ƙafarsa a 1888 ya duba gabas da yamma, babu su. A duniyarmu takarda kawai aka ɓata. A taki duniyar duwatsun za su tsiro da gaske, su datse hanyar fatake, don kawai wani tsoho ya yi gyangyaɗi alƙalami ya zame, almajiransa kuma kunya ta hana su cewa malam ya yi kuskure. Wannan kaɗai littafi ne.

Nawa kuskuren ƙafa shida ne. Muna awon fulotai a bayan gari, hadari ya haɗo, kowa na sauri, na riƙe bakin tef a kan turken da ba shi ba. Na gane tun muna cikin mota, na yi shiru don tsoron maigida. Aka kafa turakun siminti, aka buga takarda, aka sa hannu. Filin na wasu 'yan'uwa biyu ne, wa da ƙane, kuma ƙafa shidan nan ta jefa rijiyar da ubansu ya haƙa cikin rabon ƙanen. Bayan shekaru na bi ta unguwar na tarar an ja katanga, matar wan tana sayen ruwa a garwa, rijiyar mijinta na bayan bango. Aka ce mini ko gaisawa ba sa yi. Na tsaya a bakin titi na daɗe, ban shiga ba. Ban sha ruwan allo ba, 'yata, amma rijiyar nan tana cikina har yau.

Batun suna. Kada ki ƙago kalma mai nauyi da ba mai iya furtawa. Sana'a sunaye biyu gare ta, na gaban ido da na bayan ido. A fada a kira su malaman taswira, shugabansu Sarkin Allo, da rawani da kujera. A kasuwa kuwa, in sun ba da baya, a ce ga masu cin iyaka nan, kalmar da manomi ke faɗa wa maƙwabcin da ke matso da kunyarsa cikin gonar wani. Su kuma a tsakaninsu su riƙa kiran wanda ya taɓa wanke gari mashayi, ba tare da wani ya yi murmushi ba. Muna kuma da naɗe ƙasa a labaran waliyyai, inda tafiyar wata ke zama taku ɗaya, da makuwa, inda mutum ke rasa gabas a unguwarsu. Duka kayan aikinki ne, ba sai kin aro na kowa ba.

Gargaɗi ɗaya: tunda allo da tawada za ki ɗauka, kada ki sa aya ko hatimi na gaske a cikin labarin. Abin da suke zanawa ya tsaya a kan koguna da hanyoyi da ganuwa. Masu karatunki 'yan makarantar allo ne, za su bi ki ko'ina muddin ba ki taɓa musu wannan ba.

Babi na biyu ki yanke shi gaba ɗaya, tarihin sarakuna goma sha ɗaya ne da ba wanda ya tambaye ki. In kin rubuta na biyar ki aiko, da manyan haruffa.

Tambaya

Baba, ina koyarwa a wata makarantar firamare a Nima, Accra. Wani yaro ya tambaye ni dalilin da ya sa arewa ke sama a kowace taswira, na ce masa haka Allah ya yi. Daga baya abin ya dame ni.

Malamin aji biyar, Nima

Amsa

Malam, gara da ya dame ka, don mutane ne suka yi. Duniya dunƙulalliya ce tana shawagi, ba ta da sama da ƙasa irin na takarda. Al-Idrisi, haifaffen Sabta a gaɓar Maroko, ya kammala wa Sarki Roger na Biyu na Sisiliya babbar taswirar duniya a 1154, kuma kudu ya sa a sama, kamar yadda masanan Musulmi da yawa na zamanin suke yi. A tasa, Afirka ce a bisa, Turai a ƙasa. Turawan zamanin da kuwa sau da yawa gabas suke ɗorawa a sama. Arewa ta zauna daram ne daga baya, da jiragen ruwan Turai da allurar da ke nuna arewa da injin buga littattafai suka yaɗa tsari ɗaya ko'ina.

Gobe ka cire taswirar Ghana daga bango ka maƙala ta a kife, Accra da Tema a sama, Bolgatanga a ƙasa, ka ce su nuna maka hanyar Kumasi. Ka kuma nemi yaron ka gaya masa a gaban aji cewa tambayarsa ta fi amsarka. 'Yata ta Aboabo, in kin karanto har nan: taswirar da za ki sa a farkon littafinki, ɗora gabas a sama.